Wuyan Maigida

Mahauci ya sake karanta takardar da wata matar unguwarsu ta aiko tare da cinyar bijimi.

"Don Allah ka rage wa maigidana hannu, ka yanke masa wuya. Kada ya sani, gardama gare shi."

Innalillahi! Matar da ko ido ba ta ɗagawa in ta zo sayen nama?

Ya ajiye wuƙa zai tafi wajen 'yan sanda, sai ya hango tela maƙwabcinsa yana ta zufa, almakashi a hannu.

"Lafiya, maƙwabci?"

"Ina fa! Matar nan ce ta aiko da sabuwar rigar mijinta da takarda, wai in yanka gunduwa-gunduwa, kowane yaro ya samu. Yaran nata nawa ne? Na dai yanka goma sha biyu."