Lambar da Ke Kan Lokaci

Alli ya tsaya a hannun Farfesa. Yana rubuta awon epsilon ne, wato yadda sararin da babu komai ke barin lantarki ya ratsa shi. Ya sa nauyi a ƙasa, ya sa tsawo sau uku. Da ya zo kan T, harafin lokaci, sai lambar da ke hawa kansa ta ɓace masa. Shekara arba'in yana rubuta huɗun nan ko allon ba ya kallo.

'Yan kwamitin da za su yanke ko zai ci gaba da koyarwa suka zuba masa ido.

Shugabar sashe ce zaune kusa da allon. Shekara ashirin da suka wuce, a ɗakin nan, tana ɗalibarsa, ta rubuta biyu a gurbin huɗu. Gaban ɗalibai ɗari uku ya ce mata, "Ashe kanki ne sararin da muke aunawa. Koma gida ki wanke tukwane." Ya kayar da ita, ta maimaita shekara, babanta ya rasu bai ga kammalawarta ba.

Farfesa ya waiwayo ya dube ta.

Ta sunkuyo, ta yi ƙasa da murya. "Biyu ne, Malam."

"Allah ya yi miki albarka, 'yata," ya raɗa mata. Ya rubuta biyun a tsanake.

Ta bari sai da kowa ya gani, sannan ta miƙe.

"Ranka ya daɗe, ko ɗan aji ɗaya ya san huɗu ne." Ta miƙa hannu. "Kawo allin."