Fitilar Sansanin Sabi'u

Tun da aka fara kwasar matasa zuwa aikin haƙar ma'adinai a duniyar wata, mutanen Gumel suka ƙara wa shekara biki guda, Sallar Gaisuwa. Ranar da jinjirin watan ƙarshe na shekara ya tsaya, kowane sansani kan kunna fitilarsa a ɓangaren watan da ke duhu, don iyaye su gani daga ƙasa su san 'ya'yansu na raye.

Inna Yalwa ta wuni tana tuyar funkaso, abin da ɗanta Sabi'u ya fi so kafin ya tafi. Da la'asar ta kai tabaranta wurin Jatau mai gyara.

"Jatau, a ƙara masa ƙarfi. Bara da ƙyar na hango fitilar su Sabi'u."

Ya jima yana goge gilashin bai ɗago ba. "Inna, da kin zauna a gida bana. Za a yi sanyi."

"Sanyi a wannan zafin?" Ta yi dariya ta karɓi abinta.

Bayan magariba gari ya cika filin idi. Fitilu suka fara kamawa a jikin wata, guɗa na tashi ta ko'ina. Gefen hagu, inda sansanin Sabi'u yake, ya tsaya baƙi ƙirin. Ta cire tabarau, ta goge da bakin mayafi, ta mayar. Matan da ke kusa da ita suka sunkuyar da kai.

"Yaron nan ya ɓata min tabarau," ta ce wa maƙwabciyarta Ladi. "Duba min ke, idonki ya fi nawa."

Ladi ba ta ɗaga kai ba. Hannun tsohuwar kawai ta kama ta riƙe gam.