Janar Ya Shiga Ruwa

Da yatsa biyu Abdul-Rashid ya riƙe ɗan kifin yana kaɗawa a bakin akwatin gilashi, amma Janar ko harshe bai zaro ba. Yau kwana goma sha ɗaya ke nan.

Janar maciji ne, baƙi mai zane uku ruwan ɗorawa daga wuya har wutsiya. Irinsu ba sa kisa, a bakin tafkunan Kanada suke zama suna farautar kwaɗi da ƙananan kifaye. Alhaji Dikko, ɗan kasuwar Kano mai siton kargo a unguwar Al Qusais ta Dubai, shi ya sayo shi wata biyu da suka wuce, ya raɗa masa suna don wai tafiyarsa ta manyan soja ce. Abdul-Rashid kuwa daga Zangon Kumasi ya zo Dubai, aikinsa kula da lambun gidan Alhajin da ɗan tafkin kifin da ke tsakiyarsa. Da Alhaji zai tafi China saro kaya, sai ya ƙara masa da Janar.

"Amana ce," in ji Alhaji. "In na dawo na same shi lafiya, ni zan tsaya wa matarka ta samu biza. Khalas, magana ta ƙare."

Shekara uku rabon Abdul-Rashid da matarsa Faridatu. Don haka ya dage da ciyar da Janar: kifi da safe, tsutsar tana da yamma. Janar ya ci, ya ci, har tsakiyarsa ta cika ta yi dam. Sai kuma ya daina ci. Ya koma kwanciya ƙarƙashin fitilar ɗumi, ba ya motsi sai numfashi.

Abdul-Rashid ya san laifinsa ne, ya ɗura wa bawan Allah abinci har ya kasa tashi. Ga shi yau da azahar jirgin Alhaji zai sauka, da la'asar kuma uwargida Hajiya Maimunat za ta tara ƙawayenta walima a lambun.

Sai dabara ta faɗo masa. Mai ƙiba motsa jiki yake buƙata, kuma ai Janar ɗan ruwa ne.

Ya ɗauko shi a bokiti, ya karkata bokitin a bakin tafki. Da farko Janar bai motsa ba. Can sai ya sulale, ya ɗaga kai sama da ruwa, ya ratsa tafkin yana lanƙwasa kamar ana jan zare. Daɗi ya kama Abdul-Rashid, ya bi gefen tafkin da gudu yana dariya, yana ɗaukar bidiyo.

"Yalla, Janar, yalla. Ashe kana da ƙarfi."

Ya sunkuya ya tura wa Faridatu bidiyon. Da ya ɗago, babu Janar.

Ya naɗe wando ya faɗa ruwan. Ya ɗaga tukwanen bado ɗaya bayan ɗaya, ya laluba cikin ciyayin bakin tafki, ya zame sau biyu, ya sha ruwan kifi. Masu jera kujerun walima suka iso suna kallonsa, ya ce musu famfo yake gyarawa. Hajiya ta leƙo ta taga, ya ɗaga mata hannu da fara'a, ganyen bado a kansa. Da ta san abin da ke lambunta, da shi da Janar jirgi ɗaya za su hau.

Awa uku yana wannan fama. Ana kiran azahar ya hango zanen ruwan ɗorawa a kan wani dutse, bayan injin ruwa, a ƙurya mai ɗumi da ciyayi suka rufe. Janar ne, a naɗe, yana shan rana.

Kuma ya rame. Tumbin nan ya tafi gaba ɗaya, har fatar gefensa ta ɗan saki. Abdul-Rashid ya mayar da shi akwati, ya miƙa masa kifi. Janar ya cafke. Ya cafke na biyu, ya nemi na uku.

A haka Alhaji ya same su, ko jaka bai ajiye ba.

"Kai, Abdul-Rashid, me ka yi masa? Ya ƙara kyau."

"Ɗan tirenin ne kawai, ranka ya daɗe."

Nan take Alhaji ya kira ejan ɗinsa a waya, ya ce a fara takardun Faridatu gobe. Abdul-Rashid ya zagaya bayan gareji ya taka rawa shi kaɗai, rigarsa na ɗigar ruwa. Ya kira Kumasi, ya ce wa Faridatu ta fara haɗa kaya, ta taho masa da yajin shito na Ghana kwalba biyu. Ita dariya, shi dariya, babu mai jin maganar wani.

La'asar ta yi. Mata ashirin da wani abu suka zauna a kewayen tafkin, turare na tashi, wasu sun cire takalma sun miƙe ƙafa a kan ciyawa. Hajiya ta yafito shi.

"Kunna mana ruwan nan mai tashi, baƙi su gani."

Ya zagaya bayan injin yana murmushi, ya danna. Ruwa ya yi sama, mata suka tafa. Ciyayin ƙuryar suka motsa, sai ga wani abu siriri, bai fi biro tsawo ba, ya shiga ruwa ya ɗaga ɗan kansa. Wani ya biyo shi, wani ma ya biyo, kowanne baƙi da zane uku ruwan ɗorawa, duk sun nufi wajen ƙafafun baƙin Hajiya. Abdul-Rashid ya ƙirga goma sha tara, suna ta fitowa.

Ashe Janar mace ce, irin macizan da ba sa yin ƙwai, kuma ba iyo ta zo yi tafkin ba, haihuwa ta zo.