Fuskar Tanimu

Tun da aka kafa dokar hana buga fuskar mai rai a littafi, sana'ata ta durƙushe. Ni labarin zane nake yi, kuma ban iya ƙago fuska daga kaina ba, a tashar mota nake zama in kwaikwayi ta mutane. Jarumin littattafaina kuwa aminina ne, Tanimu mai faci, har da giɓinsa.

Duk wata sai in kai sabon labari maɗaba'a, na'urar tantance fuska ta ƙi shi, don mai fuskar yana raye. Yau ma na je, don ban san wani aikin ba.

"Baba, kai ba ka gajiya?" in ji Ladiyo mai kula da na'urar. "Ka sauya masa hanci mana."

"In na sauya ai ba shi ba ne. Saka kawai, 'yata."

Ta saka. Fitilar da kullum take ja ta yi kore.

"Barka, Baba, yau ya wuce! Guda nawa za a buga?"

Jiya na baro Tanimu a gadon asibiti yana min tsiya, wai na ƙara masa tumbi. Na tattara takarduna.

"Bari tukuna, sai mun dawo daga maƙabarta."