Shafi na Sittin da Uku

Ya Kaltum ta zauna a kan akwatin Phoebe, ta ce ba mai ɗora shi a mota. Masinja ya yi lallashi, ya yi magiya, daga ƙarshe ya koma gindin darbejiya ya tsuguna. Shekara goma sha ɗaya ke nan tana uwar ɗalibai a kwalejin horon malamai mata da ke hanyar Dusuman, kuma kowa ya san in ta zauna, to fa ta zauna.

Abin da ya jawo haka ba wani ɓoyayye ba ne. Damina ta yanke hanyar Biu, sababbin ɗalibai huɗu suka iso a makare da sati uku, sai ga jarrabawar farko ta yi musu dirar mikiya. Duka huɗun suka faɗi, Phoebe ce ta ƙarshe. Ita kuwa shugabar makaranta, Misis Florence, wata uku kacal da kama aiki, ta samu waya cewa sufeto na tafe daga Kaduna ya auna aikin kwaleji. Ta duba takardar maki, ta ga sunaye huɗu sun ɓata mata layi, ta sa jan biro ta soke su. A ganinta in an sallami yaran kafin azahar, sufeto zai tarar da aji tsaf.

Phoebe dai ba ta yi kuka ba, abin da ya fi ƙona wa Ya Kaltum rai ke nan. Yarinyar ta naɗe tabarmarta, ta wanke kwanon makaranta ta mayar, har da godiya. Ita ce mace ta farko da ta taɓa fitowa karatu daga ƙauyensu, kuma in ta koma yau, ba uban da zai sake yarda ya turo 'yarsa.

Sufeton ya yi sammako, ya iso tun hantsi, ya tarar da akwatuna a tsakar makaranta da mace zaune a kan ɗaya. Sunansa Malam Haruna, dogo ne mai ƙarancin magana. Misis Florence ta tarye shi da fara'a, ta ce 'yan gyare-gyare ne ake yi, ta ja shi ofis.

Ba a gama zuba masa shayi ba Ya Kaltum ta shigo da sallama, ba ta jira izini ba. Ta wuce kai tsaye wurin kabad, ta zaro littafin nan mai koren bango da ma'aikatar ilimi ta raba wa kwalejoji, na auna aikin makaranta da kula da sababbin ɗalibai. Ta sha ganin sufetoci da irinsa a hammata. Na ofishin nan kuwa ƙura ta yi masa bargo, sai da ta bubbuge shi a cinya.

Ta ciro tabarau daga bakin zane ta maƙala, ta lashi yatsa, ta buɗe littafin ba wani dube-dube, ta ɗaga shi kusa da fuskarta.

“Shafi na sittin da uku,” in ji ta. “Ba a korar sabuwar ɗaliba a zangon farko saboda faɗuwa jarrabawa. Wadda ta zo a makare don ruwa ko ciwo, a haɗa ta da babbar ɗaliba ta riƙa jan ta har ta kamo 'yan'uwanta. Makarantar da ta kori irin wannan, ita ce ta faɗi, ba yarinyar ba.” Ta rufe littafin ta rungume shi a ƙirji. “Madam, ni ban yi ƙarya ba ko?”

Misis Florence ta ji ofishin ya yi mata ƙunci. Tunda ta zo ba ta taɓa buɗe littafin ba, kuma ba za ta faɗi haka a gaban mutumin da ya zo auna ta da shi ba. Ta juya ta dubi sufeto, ko zai cece ta.

Malam Haruna ya daɗe yana kallon Ya Kaltum. Nasa littafin na cikin jaka a gefen ƙafarsa, bai ko taɓa jakar ba. Ya kurɓi shayi, ya ajiye kofi.

“Haka ne,” ya ce. “Ai na ɗauka kin riga kin fara aiki da shi, Madam.”

Nan take Misis Florence ta ce dama akwatunan za a sauya musu ɗaki ne. Kafin la'asar an mayar da sunaye huɗu cikin rajista da baƙin biro, an haɗa kowacce da 'yar aji uku. Sai a lokacin Phoebe ta fashe da kuka, Ya Kaltum ta daka mata tsawa ta ce ta je ta ci abinci.

Kwana biyu sufeto ya yi yana shiga azuzuwa, yana duba littattafan yara, yana leƙa ɗakin kwana da kicin. Ranar da zai tafi, ya hango Ya Kaltum a bakin ƙofa tana tsinke zogale a faifai. Ya sa direba ya tsaya, ya sauko, ya rage murya.

“Ya Kaltum, ni na rubuta littafin nan. Shafinsa arba'in da takwas ne duka-duka.”

Ba ta ko ɗago kai daga faifan ba.

“To, ranka ya daɗe, in ka koma sai ka ƙarasa shi,” ta ce. “Ni dai ko baƙi ɗaya ban iya karantawa ba.”