Ɗan Makahon Talabijin

Da ya dawo garinsu bayan shekaru, ya tarar an rushe gidan wasan kwaikwayo na bakin titi, an yi wajen wankin mota. Mai aski ya rasu, ɗansa ya gaji kujerar har da surutun. A gidansu kuwa, ƙanwarsa Auta da ya bari tana kuka a kan alewa, yanzu ita ke riƙe da makullan gida. Abu ɗaya ne bai canja ba. Yana sauke jaka wani ya ce, "A'a, ɗan Makaho ya dawo."

Sunan da ya kore shi ke nan. Baba ya fito a masinja, ya fito a ɗan sanda mai tumbi, ya yi gawa ba adadi, a dandamali da fim da talabijin, amma makahon nan mai faɗawa kwata shi ya manne masa. A makaranta yara kan runtse ido su lalubo ƙeyar ɗansa. Ranar da zai bar gida ya ce, "Baba, ni dai har in mutu ba zan kalli wasanka ba." A can inda ya tafi kuwa, kowa ya tambaya sai ya ce mahaifinsa ɗan kasuwa ne.

Wannan zuwan ma ba na zama ba ne. Ya ji an ce tsohon ya daina fita. In ya same shi lafiya, ya koma. In ba lafiya, zama ya kama shi, abin da yake tsoro ke nan.

"Baba, ga Yaya a bakin ƙofa," in ji Auta.

Baba ya miƙe, ya ratsa falo ba gargada, ya dafa kafaɗarsa. "Ɗan nema, ka yi ƙiba."

Shi da wando ke zame masa. Ya yi dariya, ya ce a ransa tsohon bai bar zolaya ba.

Auta ce dai ta zama masifaffiya. Ya ja kujera zai miƙe ƙafa, ta ce, "Yaya, mayar da ita inda ka gan ta." In ta kawo wa Baba shayi sai ta dangwarar da kofin a tebur kamar mai jin haushi. Ta shimfiɗa wata siririyar darduma daga ɗakin Baba har banɗaki, ko kyau babu.

A bayan ƙofa ya ga sandar nan ta wasan makaho, gindinta da ɗanyen laka. "Har yanzu ba a jefar da tsiyar nan ba?" Auta ta ci gaba da shara.

Ya nuna wa Baba hoton shagonsa a waya. Baba ya riƙe ta yana ta kallo, har hasken ya ɗauke bai ɗago ba. "Madalla," ya ce. Kunya ta rufe ɗan: mutumin da ya ɓoye wa duniya, ga shi ya rasa bakin magana don murna da shi. Ya so ya ce a yafe masa, sai dai ya karɓi wayarsa ya sa a aljihu.

Mako ya zagayo, hankalinsa ya kwanta. Da safe ya ɗaure jaka, ya tsaya a bakin ƙofa ya yi sallama.

"Je ka abinka," in ji Baba. "Ka gan ni garau. Kada ka zauna gadin tsoho."

Sai ya tuna cajar wayarsa. Ya taka darduma ba takalmi, ya koma lungun falo ya durƙusa zai zare ta. Da ya waiwayo, Baba na nan ya fuskanci ƙofa, yana murmushi, yana nasiha, ya miƙa hannu ga wurin da babu kowa.

Auta ta matso kusa da kunnensa.

"Ka ce ba za ka taɓa kallon wasansa ba, Yaya. To, mako guda ke nan kana kallo. Tun bara ba ya gani."