Ladanin da Ke Lasar Fim

Har yau ina jin warin gam ɗin nan mai hawa ka. Bayan la'asar ne, a zauren gidanmu na Gwammaja. Baba ya baje faifan majigin da aka kawo daga Jamus, mai nuna yadda ake yi wa yara lamba don tsare su daga agana. Aikinsa ne ya yanke abin da mutanenmu ba za su gane ba, ya haɗa sauran. Kafin ya manna, yakan lashi bakin fim ɗin ya yi laushi, sannan ya kankare da reza.

Yana cikin lasa sai wansa, Baffa Sani, ya shigo.

"Ashe gaskiya ne! Da harshen da kake kiran salla kake lasar hotunan Turawa? Dattawa sun ce ka zaɓa, ko majigi ko ladanci."

Baba bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Yaya, 'ya'ya biyu agana ta ɗauke mini, kai ka sallace su." Ya nuna ni da reza. "Wannan ce ta rage. In yawuna zai sa uwa ɗaya ta kai ɗanta lamba, ban yi asararsa ba."

Ya sake lasa, ya manna.

Da magariba wani ne ya kira salla. Baba ya yi alwala, ya bi sahu. Bai ƙara kira ba har Allah ya karɓi abinsa.

Tabon lamba yana nan a dantsena. Ban taɓa ɓoye shi ba.